Kujerar da Aka Ba Enid Tamu

Litinin, 6 ga Maris 1961, ƙarfe huɗu na yamma

Mista Openshaw ya zo ɗaukar jakar caca da kansa yau, bai aiko direba ba. Shekara ashirin da biyu ina karɓar masa cacar dawaki a ƙofar bayan gidan nan, sau biyu kacal ya taɓa tako kicin ɗina, kuma duk biyun da buƙata ya zo. Don haka da na ga ya cire hula sai na ɗora ruwan shayi, na ce a raina ga maganar kujera ta zo.

Kowa a layinmu ya san daga ɗaya ga Mayu doka ta sakar wa caca mara. Ba sauran naɗe sisi a takarda a miƙo ta taga, ba sauran leƙen ɗan sanda. Shago za a buɗe da lasisi a bango, kuma Openshaw ya riga ya kama tsohon shagon mai gyaran takalmi na bakin titi. Shago kuwa sai da mai zama a bayan kantar karɓar kuɗi. Ban taɓa tambayar kaina wa za a ba ba. Wa kuma?

Ya sha kofi biyu, ya yaba biskit ɗina, ya yi ta kewaye-kewaye. Can ya ce lauyansa ya gaya masa kwamitin alƙalan da ke ba da lasisi zai duba duk wanda zai yi aiki a shagon, kuma mai tsabtar suna suke so. Ni kuwa sunana yana littafin kotu sau biyu.

"Sunan wa ya kamata ya shiga littafin nan, Mista Openshaw?"

"Haba Hilda, kar mu tono tsohon zance. Ai ban taɓa barin ki biya tara daga aljihunki ba."

Sannan ya faɗi wadda ya zaɓa. Enid. Enid tamu, ƙanwata uwa ɗaya uba ɗaya.

Talata, 7 ga Maris, da safe

Enid, wadda ba ta san gaban doki da bayansa ba.

Laraba, 8 ga Maris, ƙarfe biyu na rana

Bari in rubuta yadda aka yi, don kar wata rana a ce ƙirƙira na yi.

A da, sajan ɗin unguwa yakan aiko wa Openshaw cewa rana kaza sai an kama mutum ɗaya, saboda na sama suna son ganin aiki. Sai a nemi wanda zai tsaya a lungu da takardun bogi a aljihu, a zo a kama shi cikin mutunci, Openshaw ya biya tara, kowa ya koma harkarsa. A shekarar arba'in da huɗu aka ce a'a, wannan karon babba ake so. Shi kuwa an riga an kama shi sau biyu, na uku gidan yari ne. Maza duk suna wurin yaƙi, har da Wilf mijina. Ya zo nan da hularsa a hannu, ya ce ya roƙi sajan ya yarda da ni, tunda an san ni ce ta hannun damansa. Na tsaya a lungu. Ɗan sandan da ya kama ni sai da ya tambayi lafiyar Wilf tukuna. Fam goma. Haka aka sake a hamsin da uku, fam ashirin. Kowane karo ya ba ni fam guda da gwangwanin nama.

Enid wata guda cur ba ta yi min magana ba a karo na farko. Ta ce da Mama na da rai da kunya ta kashe ta. Tana wucewa ta ƙofata ranar Lahadi da littafin waƙoƙin coci a hammata, ko juyowa ba ta yi. Yau wannan tsabtar tata ce ta saya mata kujerata. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Na gaya wa Wilf, sai cewa ya yi ai gara Enid da bare. Dankali mai sanyi na ba shi ya ci.

Juma'a, 10 ga Maris, ƙarfe bakwai na yamma

Enid ta zo bayan an tashi daga masaƙar da take aiki, da ɓurɓushin auduga a gashinta. Ba ta zauna ba sai da na ce ta zauna. Ta ce ba ita ta nema ba, shi ya tare ta a ƙofar coci. Ta yi ta kawo dalilai: ƙafafunta suna kumbura da tsayuwar wuni, ƙarar injina ta cinye mata kunne ɗaya, an rufe sashe guda a masaƙa tun Kirsimeti, kuma tun rasuwar mijinta ba mai shigo mata da ko kwabo. Duk na san wannan. Kowa yana da ƙafafu.

Na tambaye ta ina aka kwana batun caca aikin shaiɗan ne. Ta sunkuyar da kai ta ce har yanzu ba ta son ta, amma tunda doka ta yarda, ita dai takarda za ta karɓa ta ba da takarda. Na ce ashe zunubi ma lasisi yake jira.

"Hilda tamu, in ba ki koya min ba, wa zai koya min?"

Na ce ta riƙa zuwa Talata da Alhamis. Ba don kirki na yarda ba. So nake ta gani da idonta cewa ba wasan yara ba ne, ta koma ta ce masa ba za ta iya ba.

Talata, 14 ga Maris, ƙarfe takwas na yamma

Darasi na farko. Na zube mata tsofaffin takardu a tebur na ce ta fitar da abin da za a biya kowa. Na zaɓo masu wuya da gangan, irin waɗanda mutum ke haɗa dawaki uku a sule guda. Ta ɓata biyar cikin shida. Na ji daɗi har cikin raina.

Alhamis, 16 ga Maris, ƙarfe takwas na yamma

Ta ɓata biyu. Wai a wurin aiki take bita a ka, tana kallon zare.

Asabar, 18 ga Maris, da rana

Na bi ta gaban shagon, ba don komai ba, hanyar mai nama ce. Ana shafa wa tagogi koren fenti, saboda doka ta ce kar mai wucewa ya ga ciki. Mai fentin ya ce in shigo in gani. Ba abin gani. Kanta, allo a bango, da wani akwati da zai riƙa faɗin sakamakon tsere ta waya. Ba shayi, ba talabijin, ba wurin zaman masu caca. Gwamnati ta yarda a yi, amma ba ta yarda a ji daɗi ba, so take mutum ya ajiye kuɗinsa ya fita kamar wanda ya je biyan haraji.

Kujera ɗaya ce tak a shagon gaba ɗaya, a bayan kanta. Sabuwa dal, doguwa, mai majingina da wurin ɗora ƙafa. Mai fenti ya ce Mista Openshaw ne ya sa aka ƙara wurin ɗora ƙafar, saboda matar da za ta zauna tana fama da ƙafafu.

Shekara ashirin da biyu a tsaye nake karɓa a bakin ƙofa, iska na shigo min ta ƙarƙashin siket. Bai taɓa tambayar ƙafafuna ba.

Na zauna a kai minti ɗaya da mai fenti ya juya baya. Daidai ni.

Talata, 21 ga Maris, da yamma

Ba ta ɓata ko ɗaya ba. Ta zo da sabon gyaran gashi, wai Openshaw ne ya ce ta yi kafin zaman kwamiti, shi ya biya. Ya yi mata kyau. Tun muna yara komai yana yi mata kyau, har tsofaffin rigunana in suka koma jikinta sai su zama sabbi.

Asabar, 25 ga Maris, ƙarfe shida na yamma

Ranar babban tseren shekara, ranar da har matar fasto ke aiko da kwabo uku a ɓoye. Tun ƙarfe takwas ƙofar baya ba ta rufu ba. Wannan ne na ƙarshe da zan karɓa, kuma kowa ya sani. Mata suna ta shigowa da kuɗinsu a naɗe, kowacce da sunan da take sa wa a takarda don kar 'yan sanda su gane ta. Na san su duka ba tare da na duba fuska ba, na san wadda ke ɓoye wa miji da wadda ya kamata in ce mata ya isa haka a wannan makon. Wa zai ce musu ya isa a shago?

Misis Entwistle ta gida mai lamba tara, wadda ke sa hannu da Tsohuwar Agwagwa, ta ce ita dai ba za ta shiga shagon nan ba ko za a ba ta doki kyauta. Wuri cike da maza da hayaƙin taba, a bakin titi, kowa na ganin shigarka. Ta ce, "Mu nan za mu ci gaba da zuwa, Misis Threlfall." Na ce ba hali. Openshaw ya riga ya gaya min daga ɗaya ga Mayu in rufe ƙofar baya, domin in aka kama ni da takarda ɗaya lasisinsa ne zai tafi. Wai zai riƙa aiko min da sule goma a mako na shan shayi.

Enid ta zo taya ni, tunda masaƙa rabin wuni ce. Da sakamako ya fito na lissafa wa Tsohuwar Agwagwa nata na miƙa mata. Sai Enid ta taɓa min hannu ta ce a hankali, "Hilda tamu, kamar da sauran sisi."

Da sauran sisi. Ta yi gaskiya.

Misis Entwistle ta tuntsire da dariya ta ce, "Ah, ɗaliba ta wuce malama! Lallai Mista Openshaw ya san abin da yake yi." Kafin yamma duk layin ya ji. Rabona da kuskure a kuɗin mutum tun kafin a naɗa sarauniya, sai yau, a gabanta.

Lahadi, 26 ga Maris

Da ta bari sai matar ta fita, ai da ni da kaina na bi ta da sisin.

Litinin, 27 ga Maris, da hantsi

Sanarwa ta fito a jaridar gari. Cyril Openshaw yana neman lasisin shagon caca, za a zauna ranar sha uku ga Afrilu, duk mai ƙorafi ya rubuta wa magatakardan kwamiti kafin huɗu ga wata. Na yage shafin don in hura wuta da shi. Da wani shafin na hura.

Talata, 28 ga Maris, da yamma

Na aika mata cewa kaina na ciwo, ba darasi. Me kuma ya rage in koya mata?

Laraba, 29 ga Maris, ƙarfe uku

Na sayi kan sarki guda. Mutum yana iya sayen kan sarki.

Alhamis, 30 ga Maris, ƙarfe sha ɗaya na safe

Na fita, na dawo. Ba akwatin wasiƙun bakin layinmu na je ba, na tashar jirgin ƙasa na je. Ban sa suna ba, kuma babu kalma ɗaya ta ƙarya a ciki. Sunan Enid ma bai fito ba ko sau ɗaya. Tsakanina da Openshaw ne.

Na goge murhu, na wanke labulen kicin, na yi wa Wilf kunun madara da yake so. Ya tambaye ni ko lafiya.

Lahadi, 2 ga Afrilu, Ista, ƙarfe biyar na yamma

Enid ta ci abincin rana da mu. Ta zo da kek, ta zo min da safar hannu ta fata, wai ladan malama. Tana ta murna kamar yarinya.

Ta ajiye aikin masaƙa. Jiya ce ranarta ta ƙarshe, har an ba wata injinanta huɗu. Na ce me ya sa ba ta jira lasisi ya fito ba? Ta ce Mista Openshaw ya ce zaman kwamiti al'ada ce kawai, ba mai ƙorafi sai fasto, shi kuwa kowane shago yake yi wa ƙorafi. Sai daga baya, tana yanka kek, ta faɗi cewa an karɓe ajin yaran da take koyarwa a coci ranar Lahadi, saboda aikin cacar. Shekara sha tara tana riƙe da ajin nan. Ta faɗa tana murmushi.

Wai kuma ta roƙe shi, in an yi shekara guda komai ya lafa, a ba ni ranar Asabar in riƙa taimaka mata. In taimaka mata. Ni. Na ce na gode.

Ban iya cin kek ɗin ba. Na ce sukari ya yi yawa.

Talata, 4 ga Afrilu, da safe

Wasiƙar da ba suna, kwandon shara ake jefa ta. Kowa ya san haka.

Juma'a, 7 ga Afrilu, da rana

Na je har ƙofar ofishin magatakarda. Na tsaya ina karanta sanarwar lasisin karnuka da ke manne a bango, na karanta ta sau uku, na dawo gida. Me zan ce masa? A ba ni abin da ba ni na aiko ba?

A hanya na hango ta tana fitowa daga shagon da sabuwar rigar aiki a hannu, koriya, a naɗe cikin takarda. Mai nama ya ɗaga mata hula. Ni shekara nawa ina sayen nama a wurinsa. Tausayin da na fito da shi daga gida nan take ya gudu.

Talata, 11 ga Afrilu

Ta roƙe ni in raka ta jibi, wai in ta gan ni a wurin ba za ta ji tsoro ba.

Alhamis, 13 ga Afrilu, ƙarfe shida na yamma

Ba su jefa ta a kwando ba.

Alƙalai uku ne a kan dogon tebur, wata dattijuwa mai tabarau ce shugaba. Rabin layinmu yana benci na baya, ni ina gefe kusa da taga. Fasto ya tashi ya yi bayaninsa a kan kuɗin cefanen da ke tafiya wurin dawaki, aka gode masa ya zauna. Lauyan Openshaw ya tashi ya ce mai neman lasisi mutum ne da ya ɗan yi kuskure a ƙuruciya, amma shekara sha takwas ke nan ba a same shi da laifin komai ba. Ya nuna Enid a benci na gaba cikin hularta ta coci, ya ce ga irin mutanen da za su riƙe shagon.

Sai shugabar ta ce akwai wasiƙa. Ta ce ba al'adarsu ba ce su kula takarda marar suna, amma wannan ta zo da ranaku da lambobin shari'a, kuma magatakarda ya duba littafin kotu ya ga ranakun daidai ne. Aka karanta. Yadda ake shirya kame, wanda ke tsayawa a lungu, wanda ke biyan tara, da yadda mai neman lasisi ya sami shekarunsa sha takwas masu tsabta a bayan wata mata mai suna Hilda Threlfall. Muryar magatakardan ba ta hawa ba ta sauka. Ban san haka take da muni ba sai da na ji ta a bakin wani.

Openshaw ya raɗa wa lauyansa magana. Lauyan ya miƙe ya ce wanda yake karewa ba shi da wata alaƙa da wannan mata. Ya ce an san ta a unguwa, mace ce da ke karɓar caca don kanta, tana cin kuɗin cefanen matan talakawa a ƙofar baya, an kama ta sau biyu bisa haƙƙi, kuma irinta ne sabuwar doka ta zo ta share daga lunguna.

Openshaw yana kallon farcensa. Na ji na fara miƙewa, ban san me zan ce ba. Enid ta juyo. Duk wadda ta yi masaƙa ta iya magana da leɓe ba murya, don ƙarar injina ba ta barin a ji komai, ni ma na yi shekara shida a can kafin aure. Ta ce min da leɓe, zauna. Na zauna.

Ita ta tashi. Ba wanda ya kira ta. Lauyan ya ce, "Misis Clegg, ba yanzu ba," shugabar ta ce a bar ta.

"Ranki ya daɗe, matar nan yayata ce. Shekara ashirin da biyu tana yi wa Mista Openshaw aiki, direbansa ke ɗaukar jaka a gidanta kullum. Kamun nan biyu nasa ne, ita ta ɗauka. Ba ta taɓa cin kwabon kowa ba. Aikin da aka ce zan yi ma, ita ta koya min a teburin kicin ɗinta, da saninsa."

Muryarta tana da ƙarfi, irin ta masu kunne ɗaya. Har waje an ji.

Minti goma suka yi a ciki. An hana lasisi.

A bakin ƙofa Openshaw ya wuce ta kamar bai taɓa ganinta ba. Mata suka kewaye ta. Ni na bi ta ƙofar gefe.

Juma'a, 14 ga Afrilu

Shi na nufa.

Litinin, 17 ga Afrilu, da hantsi

Direba bai zo ɗaukar jaka ba, ba kuma zai sake zuwa ba. An ce Openshaw zai ɗaukaka ƙara, an kuma ce zai sayar da komai ya koma bakin teku wurin 'yarsa. Enid ta koma masaƙa neman injinanta, manaja ya ce ragewa suke yi, ba ƙari ba.

Layi kuwa ba zance sai nata. Misis Entwistle ta shigo ba sallama ta ce, "Kin yi dacen ƙanwa, Misis Threlfall. Ta zubar da abincinta don sunanki. Ni tawa ko gishiri ba za ta ara min ba." Sannan ta shiga tsine wa wanda ya rubuta wasiƙar. Ta ce matar fasto ce, wasu sun ce wani tsohon ɗan sanda ne da bai sami kasonsa ba. Na ce Allah kaɗai ya sani. Na zuba mata shayi.

Laraba, 19 ga Afrilu, ƙarfe uku

An mayar mata da ajinta na coci. Fasto ya yi wa'azi a kan mai faɗin gaskiya ko da za ta ci gidansa, kowa ya san da wa yake.

Zan faɗi abin da ke raina, tunda takarda ba ta da baki. Haushinta nake ji. Na hana ta kujera, sai ta sami abin da ya fi kujera. Ni na tsaya a lungu sau biyu saboda wani, abin da na samu gwangwanin nama da wata guda na rashin magana. Ita ta tsaya minti biyu, an mai da ita waliyyiya. Na san wannan tunanin ƙazanta ne. Sanin bai hana shi zuwa ba.

Asabar, 22 ga Afrilu

Ba ta zo ba tun ranar. Wilf ya ce in je in yi mata godiya, wai abin kunya ne. Na ce zan je.

Talata, 25 ga Afrilu, da yamma

Wilf ya haɗu da ita a kasuwa. Ta sami aiki a gidan wanki na asibitin da ke garin gaba, bas biyu, wurin guga. Tsayuwa daga bakwai da rabi zuwa biyar, a kan siminti, cikin tururi. Kuɗin bai kai na masaƙa ba. Ranar Litinin za ta fara.

Ya ce ta tambayi ciwon kaina.

Juma'a, 28 ga Afrilu

Na sa kot na cire sau biyu.

Litinin, 1 ga Mayu, ƙarfe takwas na safe

Yau shagunan caca suke buɗewa a duk ƙasar. A garinmu wani kamfani daga Manchester ne ya samu, can gefen kasuwa, sun zo da ma'aikatansu maza masu laktaye. Na Openshaw yana kulle da koren fentinsa.

Na riga Enid zuwa tashar bas, tun shida da kwata. Ta zo tana takawa a hankali, da abincin ranarta a jaka. Da ta gan ni ba ta yi mamaki ba. Na shirya magana mai tsawo tun jiya, har da dalilai, amma da na buɗe baki abu ɗaya ya fito.

"Enid, ni na rubuta."

"Na sani."

"Tun yaushe?"

"Tun bai kai rabi ba. Shekara arba'in da shida nake jin yadda kike magana in ranki ya ɓaci, Hilda."

Na ce to in ta sani, me ya sa ta tashi? Da ta yi shiru wataƙila da sun ba shi, da yanzu tana kan kujerarta. Ta gyara riƙon jakarta ta ce wasiƙar mugunta ce, amma ba ƙarya a cikinta, shi kuwa ƙarya ya yi a kaina a gaban mutane, kuma ba za ta zauna a kan wannan ba kullum daga safe zuwa yamma.

Na ce ba ita na nufa ba. Ta dube ni har sai da na kawar da kai.

"Ni kika nufa. Da kin zo kin ce min kar in karɓa, da ban karɓa ba. Kullum da na zo darasi jira nake ki faɗa."

Na tambaye ta ko za ta yafe min. Ta ce tana roƙon Allah a kan haka kowace safiya, amma bai ba ta ba tukuna. Ta ce ba za ta gaya wa kowa ba, ko Wilf, kuma kar in zo gidanta ranar Lahadi.

Bas ya zo. Ta kama ƙarfen ƙofa da hannu biyu kafin ta iya ɗaga ƙafar farko, na miƙa hannu in tallafe ta, ta ce ta iya. A cike yake da ma'aikatan safe, ba wanda ya tashi. Har ya sha kwana tana tsaye.